Tsaga Biyu a Jikin Ginshiƙi

Aikina gina gada ne. Gadojin da na sa hannu a cikinsu suna nan har yau a kan kogunan Kyoto da kewayenta, motoci na hawa suna sauka, babu direban da ya san ko sunan gidanmu, Nishiwaki, ban kuma taɓa damuwa ba. 'Yata Chizuru ma gini ta yi, shekara talatin da ɗoriya. Ta gina ɗakunan attajirai, da rumfunan masu taliya, da kurkuku, har da unguwa guda da rijiyarta da magudanar ruwanta. Duka don fim ta gina su, kuma duka an rushe su da zarar an gama ɗauka. Tun tana raye ina da buri guda wanda ban cika faɗa ba: a ce abu ɗaya da hannunta ya yi ya tsaya, in riƙa zuwa ina dafa shi. Da ta rasu, da burin nan nake kwana, da shi nake tashi.

Gidanmu na dā yana Uzumasa, 'yar tafiya kaɗan daga kamfanin fim. A unguwar ba abin kallo ba ne ka shiga shagon taliya da rana ka tarar da mayaƙan zamanin dā su uku, da takubbansu na gora, suna hura miya, ɗaya ya manta da agogo a hannu. A cikin wannan Chizuru ta tashi.

A babban ɗakin gidan akwai ginshiƙin itace wanda hayaƙin girki ya baƙanta. Duk shekara, ranar bikin yara, nakan tsayar da ita a jikinsa, in ɗora ɗan katako a miƙe a kanta, in tsaga da wuƙa. Shekarar da ta cika tara, sai da na gama tsagawa na duba ƙasa, na ga dugaduganta ba su taɓa tabarma ba.

"Sauke ƙafa," na ce.

"Baba, ai ka riga ka tsaga."

"Ƙarya na tsaga. Sauke."

Ta sauke, na sake tsagawa, ta biyun ta faɗo ƙasa da ta farko da faɗin yatsa guda. Matata Harue tana leƙowa daga kicin ta ce, "Yarinya ta ci yatsa ɗaya tak, ka tsuke fuska sai ka ce gada ce za ta rufta."

Na ɗauko wuƙa zan kankare ta saman, Chizuru ta riƙe min hannu. "Bar su duka, Baba. Ta sama tawa, ta ƙasa taka."

Zane ta karanta a jami'a. Da ta gama, abokanta suka nufi kamfanonin talla a Tokyo, ita kuwa ta tsallaka titi ta shiga sashen masu gina wuraren fim, inda a lokacin babu mace sai mai dafa shayi. Shugaban kafintocin wurin wani gajere ne mai murya kamar zarto, Gonda Tomekichi. Shi ya ba ni labarin ranarta ta farko, bayan shekaru, lokacin da muka saba. Ya ce ya dube ta daga sama har ƙasa ya ce, "Ke, 'yar jami'a, kin iya ɓata abu?"

"Gyarawa aka koya min."

"To nan ɓatawa muke biya. Ga ƙofa can, jiya muka fere ta. Kafin yamma ina so ta haifi kakana."

Abu sabo ba ya zama a fim. Ido yana gane cewa ba wanda ya taɓa rayuwa da shi. Don haka aikinta na shekarun farko tsufar da kaya ne. Da kunkunniya, da dusar shayi, da kakin zuma, da tsumma. Ta koyi inda hannu yake kama ƙofa, da inda kafaɗa take gogar bango, da yadda matakalar da ake yawan hawa take lotsawa a gefe ɗaya. Takan dawo gida da farce baƙi ƙirin, ta zauna cin abinci tana ƙare wa bakin tukunya kallo. Daga nan kayan gidanmu suka fara ɓacewa. Tsintsiya, da takalmin katako na Harue, da tsohuwar laimata. Wata rana butar shayin ƙarfe da Harue ta gada daga uwarta ta yi ɓatan dabo. Bayan wata da watanni muna zaune a sinima, sai ga ta a kan murhu a bukkar wani ɗan fashi.

"Butata ce!" in ji Harue da ƙarfi, har na gabanmu suka waiwayo.

Da aka tambayi Chizuru, sai ta ce, "Mama, shekara sittin na hayaƙi ne a jikinta. Ina zan samo wannan a kasuwa? Zan dawo da ita." Ba ta dawo da ita ba. Tun daga ranar Gonda bai sake kiranta da sunanta ba sai Ɓarauniyar Buta, har bayan ta zama shugabarsa.

Fim ɗin da ya fito da ita na wani matashin darakta ne mai saurin fushi, Ebihara. A ciki akwai liyafar sallama da wata uwa ta shirya wa ɗanta da zai tafi yaƙi. Shi ne karo na farko da aka damƙa wa Chizuru tsara wuri gaba ɗaya. Kowa a ƙasarmu ya san yadda ake jera tabarmin ɗaki: ba a barin kusurwa huɗu su haɗu wuri guda. Sai ranar makoki ake ɗaga su a jera su kafaɗa da kafaɗa, kusurwoyi su haɗu. Ebihara ya shigo da safe, ya dubi ƙasa, ya daka tsawa.

"Wane mara tarbiyya ne ya shimfiɗa min tabarmin makoki a ɗakin liyafa?"

"Ba ni ba ne, Darakta," in ji Gonda. "Ni kakata ta rene ni. Ga mai gawar can."

Chizuru ta matso. "Darakta, yaron nan zai dawo daga yaƙin?"

"Ba ki karanta labarin ba ne? Ba zai dawo ba."

"To uwarsa ma ta sani. Za ta yi dariya, za ta zuba wa baƙi giya, ba za ta ce komai ba. Amma ita ta jera tabarmin da safe."

Gonda ya ce Ebihara ya zagaya ɗakin, sannan ya sa aka ɗaga kyamara sama yadda ƙasan za ta fito sosai. Ni da Harue mun kalli fim ɗin a sinimar unguwa. Da aka zo wurin, ana ta waƙa da tafi a cikin fim, sai na ji wata tsohuwa a bayanmu ta ja numfashi ta ce, "Wayyo, ta sani." Ban juya ba. Na dai gyara zama.

Daga nan daraktoci suka fara neman ta da suna. Sau ɗaya ta gayyace ni in ga wani titi da ta gina a babban zauren ɗaukar fim. Na bi shi daga farko har ƙarshe, na ƙwanƙwasa bango, na leƙa rijiya. Da na koma bayan mako biyu da wani abokin aikina don in nuna masa, sai muka tarar da fili fetal, ana shara.

"Ba ya yi miki ciwo?" na tambaye ta.

"Ciwo? Baba, ranar Litinin gidan wanka zan gina a wurin nan. In na bar titin, a kanka zan ɗora shi?"

A ranar ne na ji al'adar ƙungiyarta. In an gama ɗauka, kafintoci kan jeru a gaban ɗakin, su rusuna masa, su ce masa sannu da aiki kamar yadda ake ce wa mutum. Sai Gonda ya miƙa mata ƙarfen cire ƙusa da hannu biyu. Ita za ta cire ƙusar farko. Kafin ta cire, babu wanda zai taɓa ko tsinke a ɗakin, ko da masu zauren suna tsaye a ƙofa suna duba agogo.

Da aka daina yayin finafinan zamanin dā, kamfanin ya fara sallamar mutane. Kafintocin da suka iya haɗa katako ba ƙusa suka koma kafa kantoci a manyan shaguna. Chizuru ta ga in ta zauna jiran a kawo mata labari ta gina masa ɗaki, za ta waiwaya ta ga ba mai riƙe mata guduma. Shi ya sa ta zama furodusa. Ita ce neman masu zuba jari, ita ce lallashin masu kula da haikali su ba da harabarsu, ita ce tabbatar da abincin rana ya iso da zafinsa, ita ce raba Ebihara da 'yan wasa in sun kaure. Bayan duk wannan ta ɗaura tsumma a ka ta koma goga kunkunniya. Finafinanta ba manya ba ne, amma sun riƙe mutanen da suka iya aikin har suka koya wa na bayansu. Sunanta kan fito sau biyu a jerin sunayen ƙarshen fim. Ni da Harue ba mu taɓa tashi ba sai mun ga duka biyun, ko da mai shara ya fara ɗaga kujeru.

A tsakanin nan aka faɗaɗa titin unguwarmu, gidanmu ya shiga ciki. Na duba taswirar, na ga aikin daidai ne, ban yi gardama ba. Chizuru ta zo da mota ta kwashe ƙofofin takarda da tagogi zuwa rumbun kamfani. Ginshiƙin kuwa shi ke ɗauke da rufi, dole shi ne na ƙarshe. Ranar da aka kayar da gidan tana arewa tana ɗaukar fim a cikin ƙanƙara, mu kuma muna fama da kwalaye a sabon gida, hawa na huɗu. Kafin wani ya tuna, masu rusau sun loda shi da sauran tarkace sun tafi. Da ta dawo ta tsaya a filin na ɗan lokaci, hannu a aljihu.

Fim ɗinta na ƙarshe labarin wani tsoho ne mai gyaran laima da 'yarsa, kusan duka a ɗaki ɗaya. Ebihara ne darakta, kansa ya yi fari fat. Gonda ya daɗe da ajiye aiki, amma ta aika masa, ya dawo yana mita. Ana cikin shirin likitoci suka gano sankara a cikinta. Ta gina ɗakin a zaune, da bargo a gwiwa, tana nuni da sanda. Ba ta bari mun je mun gani ba. Ta ce sai fim ya fito. Daga baya ta koma asibiti, Gonda na kai mata rahoto tana yi masa gyara.

"Tsoho, bakin tagar nan ya yi tsabta da yawa."

"Daga gado kike ganin tagar?"

"Na san hannunka. Tsufa ya sa ka fara tausayin katako."

Ta rasu a farkon kaka, tana da shekara hamsin da huɗu, saura kaɗan a gama ɗauka. Ebihara ya ƙarasa.

Bayan an yi addu'o'in da ake yi, wata safiya Gonda ya hau matakalarmu yana haki. Ya ƙi zama. Ya ce, "Injiniya, an gama. Ɗakin na tsaye, wasu na jiran zauren, kuma duk cikinmu babu mai iya cire ƙusar farko. Na ce musu uban ya zo."

Muka tafi ni da Harue. A hanya na riga na yanke shawara: ko me na tarar, zan roƙi a bar min wani abu in kai gida.

Da aka buɗe ƙofar zauren, sai ga babban ɗakin gidanmu na Uzumasa. Ƙofofin takardar namu ne na ainihi. Sauran kuwa duk ginawa ta yi: lotsawar dokin ƙofa, tabon da tukunya ta bari a kan katako, wurin da kafaɗata ta goge bango. Harue ta dafa hannuna. Ni ƙasa na fara dubawa, kamar yadda 'yata ta koya wa idona. Na san fim ɗin da mutuwar tsohon yake ƙarewa, amma tabarmin suna jere irin na kullum.

"Na tambaye ta," in ji Gonda. "Ta ce a wannan ɗakin ba wanda ya mutu, kada in kuskura."

Ginshiƙin yana tsakiya, baƙi kamar na dā. Na matsa. Tsagogin shekaru suna hawa ɗaya bayan ɗaya, kuma a daidai shekara tara akwai biyu. Na sa yatsana a tsakaninsu. Ya shiga daidai, bai yi saura ba.

"Da hannunta ta tsaga su," in ji Ebihara. "Kuma gefen nan kyamara ba ta taɓa kallonsa ba. Malam Nishiwaki, mun yi magana. Ka ɗauke shi. Mota na waje, za mu kai maka har ɗaki."

Abin da na zo nema ke nan, an ba ni ban roƙa ba. Na zagaya bayan ginshiƙin don in ga yadda za a ɗauke shi, sai na tarar ba gungume ba ne. Alluna huɗu ne aka haɗa, cikinsa fanko, mutum ɗaya zai iya saɓa shi. Na durƙusa na duba mahaɗan. Kowanne da turakun itace aka kulle shi, in ka zare ɗaya na biyun zai saki, babu inda za a tsaga ko a karya. Na shekara arba'in ina duba mahaɗai, na san aiki mai kyau in na gan shi. Wanda ya yi wannan ya yi shi ne don a kwance shi lafiya a sake ɗaurawa.

"In an rushe ɗaki, ina kayan suke zuwa?" na tambayi Gonda.

"Au, ba ta taɓa kai ka rumbu ba? Taho."

Rumbun yana bayan zauren, dogo, da warin katako da ƙura. Gonda yana tafiya yana dukan kaya da tafin hannu. "Wannan ƙofar kurkuku ce, ta yi gidan likita, ta yi shagon shinkafa. Wannan matakalar an kashe mutum a kanta ya fi a ƙirga. Bakin rijiyar nan da ka leƙa, yanzu haka yana Tokyo, aro suka zo. Duk yaron da ya zo gina ɗaki, nan yake fara shigowa ya ce a ba shi na Nishiwaki, don nata ba ya gardama."

Sai Harue ta tsaya cak a gaban wata kanta. "Butata ce!"

"Uwargida, ki yi mata magana da ladabi," in ji Gonda. "Wannan ta fi Darakta yawan fim."

Harue ta ɗauke ta, ta juya ta, ta shafa murfin da babban yatsa. Sannan ta mayar da ita daidai inda take, ta gyara mata hannu. "Bar ta," ta ce. "A gida shayi kawai za ta dafa."

Muka koma zauren. Kafintoci sun jeru, tsofaffi da matasa, a cikinsu mata uku da tsumma a ka. Na tuna ɗakinmu na hawa na huɗu, da lungun da ke tsakanin firij da taga. A nan ginshiƙin zai jingina, ba ya ɗauke da komai, ni da Harue muna share masa ƙura har ranar da wani zai zo kwashe kayanmu. Na ce wa Ebihara na gode, a sallami motar.

"A kai shi rumbu. Sharaɗina ɗaya: a yi masa kowane fenti, amma kada a cike tsagogin nan."

"Ko darakta zai yi birgima a ƙasa," in ji Gonda.

Muka rusuna wa ɗakin, muka ce masa sannu da aiki. Gonda ya miƙo min ƙarfen da hannu biyu, ya nuna min ƙusar, a ƙasan dokin ƙofa. Hannuna ba shi da ƙarfin dā, sai da na danna sau biyu. Ta fito a miƙe, ba ta lanƙwashe ba. Na ba Gonda ƙarfen, na sa ƙusar a aljihu. Kafin mu gama shan shayin da aka kawo mana, an fara shara.

Fim ɗin ya fito, sunanta sau biyu a ƙarshe, muka zauna har aka kunna fitilu. Bayan shekara biyu Gonda ya bugo waya ya ce mu je mu kalli wani fim na wata matashiyar darakta, bai faɗi dalili ba. Labarin wani masauki ne a bakin teku, ba shi da alaƙa da mu. Can tsakiya mai masaukin ta jingina da wani ginshiƙi mai jan fenti tana sauraron baƙonta, haske ya faɗo a gefen kafaɗarta, a kan tsagogi biyu masu tazarar yatsa guda. Harue ta zungure ni da gwiwar hannu.

"Ga ta can. Har yanzu a kan yatsun ƙafa take."

"Ta ƙasan ce daidai," na ce.

"Yi shiru, mutane na kallo."